Na yi wa yarinya allurar da ba tata ba, ba ta cutu ba: in kai rahoto ko in yi shiru?

Tambaya: Wata ma'aikaciyar jinya da ba ta daɗe da kama aiki a wani asibiti a nan Zariya ba ce ta aiko. Tana aikin dare a ɗakin yara, sai ta yi wa wata yarinya allurar seftiriyazon, maganin kashe ƙwayoyin cuta, da aka rubuta wa ta gadon kusa da ita, domin sunansu ɗaya. Sai da ta koma cike kati ta gane. Yarinyar ba ta nuna wata alama ba har gari ya waye. Babbar nas ɗin da suke tare ta ce mata ta rufa wa kanta asiri tunda Allah ya tsare. Tana tambaya ko wajibi ne ta kai rahoto, wa za ta kai wa, kuma yaya za ta yi kada irin wannan ya sake faruwa.

Amsa: Ƙanwata, ki kai rahoto, kuma tun a daren ya kamata a kai shi. Ina faɗa miki haka a matsayin mai harhaɗa magunguna da ya daɗe a aikin asibiti, wanda ya san yadda tsoron takardar tuhuma ke kama ƙaramin ma'aikaci. Zan zo kan tsoron, domin yana da dalili. Amma mu fara da yaran, don su biyu abin ya shafa, ke kuma na lura hankalinki na kan ɗaya.

Wadda aka yi wa allurar, kwananta lafiya bai rufe magana ba. Akwai mutanen da jikinsu ba ya karɓar seftiriyazon. Rashin jituwa mai tsanani, irin wanda ke toshe numfashi, cikin mintuna yake bayyana, wannan kam ta tsallake shi, alhamdu lillahi. Amma ƙuraje da ƙaiƙayi da gudawa suna iya fitowa bayan kwanaki. Ranar da suka fito, likita zai buɗe katinta, ya ga magungunan da aka rubuta mata, ya ɗora abin a kan ɗaya daga cikinsu. Ƙila ya tsayar da maganin da take matuƙar buƙata, ya kuma rubuta cewa jikinta ba ya karɓarsa, ta girma da wannan shaidar a kan maganin da bai yi mata komai ba. Sannan maganin yara da nauyin jiki ake auna shi. In waccan ta fi wannan nauyi sosai, to an ba ta fiye da kimarta. In kuma jaririya ce sabuwar haihuwa, maganar ta fi haka girma, domin ana guje wa seftiriyazon ga jariri mai shawara, kuma ba a haɗa shi da ƙarin ruwa mai sinadarin kalsiyam, irin ruwan Ringa. Likitan da bai san an yi allurar ba, ba zai yi tunanin duba ko ɗaya daga cikin waɗannan ba.

Ta biyu ita ce mai allurar. An yi mata tata daga baya, ko an bar ta? Seftiriyazon sau ɗaya ko sau biyu ake yin sa a rana. In mai sau ɗaya ce aka tsallake, za ta iya kai awa 48 tsakanin allura da allura, ga yarinyar da ƙila sanƙarau ko ciwon huhu ya kwantar da ita. Gobe in zazzaɓinta ya ƙi sauka, za a ce maganin ne bai yi aiki ba, a canza mata wani mafi tsada. Kada ki manta kuma, a yawancin asibitocinmu wannan kwalbar mahaifinta ne ya sayo da kuɗinsa. Akwai haƙƙinsa a ciki.

Babbarki ta ce Allah ya tsare. Gaskiya ta faɗa, godiya kuma ta wajaba. Amma Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, cewa ya yi da mai raƙumi ya ɗaure shi sannan ya yi tawakkali. Malaman fiƙihu ma sun bambanta gwanin da ya bi ƙa'idar aikinsa ya kuskure, da wanda ya kutsa cikin aikin da bai iya ba. Ke kina cikin na farko. Kuskuren ba da niyya kika yi shi ba. Ɓoyewar kuwa, in kika yi ta, da saninki za ki yi, kuma nan ne amana ke fara taɓuwa.

Ki sani abin da ya same ki ba baƙon abu ba ne a ko'ina. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa kurakuran magani suna cin kimanin dala biliyan 42 a kowace shekara, shi ya sa a 2017 ta ƙaddamar da gangami na musamman da burin rage cutarwa mai tsanani da za a iya kauce wa da rabi cikin shekara biyar. Tun 1999 wani rahoto a Amurka ya nuna mutum 44,000 zuwa 98,000 ke mutuwa a asibitocinsu duk shekara saboda kurakuran aikin lafiya, a ƙasar da ba ta rasa wuta ko kayan aiki ba. Abin da masana suka fahimta daga nan shi ne, mafi yawan kurakuran ƙwararru ne masu kula suke yin su, a cikin tsarin da ya ɗana musu tarko.

Kafin magani ya shiga jikin majinyaci yana bi ta hannaye da yawa: likita ya rubuta, a kwafa a katin magani, mai harhaɗawa ya duba ya bayar, nas ta haɗa ta yi, sannan a lura da abin da ya biyo baya. James Reason, masanin halayyar ɗan Adam na Jami'ar Manchester, ya yi bayanin yadda haɗari ke ratsa irin waɗannan matakai. Kamar tankaɗen gari ne da rariya bayan rariya. Kowacce tana da inda ta yage, amma tsakuwa ba ta kaiwa tukunya sai ranar da yagewar ta zo saitin juna. Nas ita ce rariyar ƙarshe, shi ya sa sunanta ake ji. A darenki, wani ne ya kwantar da masu suna ɗaya gado da gado. Wani ne bai sa alama a katinsu ba. Wani ne ya tsara mutum biyu su riƙe ɗaki guda har safiya. In kika yi shiru, duk waɗannan suna nan yadda suke, suna jiran wadda za ta karɓi aiki bayanki, ita kuma ba lallai abin ya zo mata a kan seftiriyazon ba. Zai iya zama insulin.

Maganar suna ina so in daɗe a kanta, domin matsalarmu ce ta nan gida wadda littattafan da muka karanta ba su yi mata cikakken bayani ba. A ɗakin yara a Zariya da wuya ki rasa A'isha biyu ko Muhammadu uku, kuma sau da yawa sunan uban ma ɗaya ne. Ranar haihuwa da ake cewa a haɗa da suna, mutane da yawa ƙiyasi suke bayarwa. Ga alkunya: uwa ba za ta ambaci sunan ɗan farinta ba, ko na wanda aka sa wa sunan surukinta. Ummi ko Nana ko Abba take kira, shi ne sunan da ke bakinta, na kati kuma daban. In kika tsaya a kanta da sirinji kika ce "wannan ce A'isha ko?", za ta gyaɗa kai, don barci ne a idonta, kuma ba ta saba musa wa ma'aikaciya ba. Lambar gado ita ma ba abin dogaro ba ce. Da damina, lokacin da zazzaɓin cizon sauro ya cika ɗaki, yara biyu kan kwanta gado ɗaya, uwa kuma takan ɗauki ɗanta ta koma inda fanka ke kaiwa.

Saboda haka kada ki ba uwa suna ta amsa. Ki ce mata, "Maman yarinya, wane suna aka rubuta mata a kati?" In kunya ta hana ta, kakar yarinyar ko mai taya ta jinya ta faɗa, ko ta miƙo miki ƙaramin katinsu. Sai ki haɗa sunan da lambar fayil, domin ita ce kaɗai ba a tarayya a cikinta. Inda babu abin ɗaurawa a hannu mai suna, filasta da biro sun isa: suna da lambar fayil a tsintsiyar hannu ko a kan filastar da ta riƙe allurar ƙarin ruwa. Masu suna ɗaya a raba musu gado, a ja jan layi a katin kowacce, a kuma ambata shi da baki duk lokacin miƙa aiki. Ki tafi da katin magani har bakin gado, kada ki haɗa allurai biyar a tire ki dogara da ƙwaƙwalwa. Kowane sirinji da kika zuƙa, ki manna masa suna kafin ki ɗauki na gaba. Babu ko ɗaya a cikin waɗannan da ke buƙatar kasafin kuɗi.

Yanzu yadda ake kai rahoton. Wanda za ki fara gaya wa shi ne likitan da ke duba yaran, saboda ya duba su, sai shugabar ɗaki. A katin kowace yarinya a rubuta abin da ya shiga jikinta a zahiri: wane magani, nawa, ta wace hanya, ƙarfe nawa, da abin da aka yi bayan an gane. Kada ki goge komai, kada ki shafe da farin ruwa, kada ki sake kwafe shafi. In gyara ya kama, layi ɗaya ake ja a kan rubutun yadda za a iya karanta shi, a sa hannu da kwanan wata. Ma'aikaci yakan tsira daga kuskure, amma da wuya ya tsira in aka kama shi da sauya kati.

Takardar rahoto kuma daban take, ba a cikin fayil ake ajiye ta ba. A cikinta ki faɗi abin da ya faru bi da bi, sannan ki faɗi halin da aka yi aikin, domin nan ne amfanin yake. Yara nawa ne a ɗakin, ku nawa ne a kan aiki? Akwai wuta, ko da fitilar waya kika duba kati? Awa nawa kika yi a tsaye kafin lokacin? An kira ki tsakanin haɗa allurar da yin ta? Wannan tambaya ta ƙarshe ba ƙarama ba ce. Wani bincike da aka buga a 2010, wanda aka yi a asibitocin koyarwa biyu a Ostireliya, ya gano cewa duk katsewa ɗaya da aka yi wa nas tana cikin ba da magani tana ƙara yiwuwar kuskure da kusan kashi 13 cikin 100. Kada ki rubuta "sakacina ne", kada kuma ki rubuta "laifin wance ne". Yanke hukunci ba aikin takardar ba ne.

To, tsoron. Ba zan ce miki babu abin da zai biyo baya ba. Akwai wuraren da har yanzu amsar kowane kuskure ita ce takardar tuhuma da tsawa a gaban majinyata. Har a ƙasashen da suka ci gaba ana yin wannan. A jihar Tenesi ta Amurka, a Disambar 2017, wata nas ta je ɗauko maganin kwantar da hankali mai suna Versed daga na'urar ajiyar magani, ta danna haruffa biyu na farko, na'urar ta fito mata da wani magani mai sandarar da tsokoki har da na numfashi, majinyaciyar ta rasu. Nas ɗin da kanta ta faɗi abin da ta yi. Duk da haka aka gurfanar da ita, kotu ta same ta da laifi a 2022. Ƙungiyoyin ma'aikatan jinya sun yi ta gargaɗi a lokacin cewa darasin da ƙananan ma'aikata za su ɗauka shi ne su riƙa yin shiru. Ita ma ta tsallake gargaɗin da ke jikin kwalbar, wannan gaskiya ne, amma hukunta mai faɗin gaskiya ba ya gyara na'ura.

Denmak ta bi wata hanya. Dokarta da ta fara aiki a 2004 ta wajabta wa ma'aikatan asibiti kai rahoto, ta kuma hana a hukunta mutum da rahoton da ya kai ta wannan tsari. Harkar jiragen sama ta riga mu gane haka. Tun 1976 hukumar binciken sararin samaniya ta NASA ke karɓar rahoton sirri daga matuƙa da masu ba jirgi hanya a Amurka, kan abin da ya kusa zama haɗari bai zama ba. Mu da muke da kwalejin koyon tuƙin jirgin sama a cikin garinmu, muna jin ƙarar ƙananan jiragenta a kanmu kullum, bai kamata wannan tunani ya zame mana baƙo ba.

Wannan ba yana nufin babu mai laifi har abada ba. Shugaba mai adalci yana bambanta abu uku. Akwai kuskure tsantsa, wanda ya faru ga mai bin ƙa'ida. Wannan lallashi yake buƙata da gyaran tsari. Akwai yanke hanya da ya zama al'adar ɗaki, kamar haɗa allurai da yawa lokaci guda saboda ƙarancin hannu. Wannan sai an gyara dalilin da ya sa kowa ke yin sa. Akwai kuma ganganci, kamar wanda ya zo aiki a buge, ko ya sa hannu a kan maganin da bai bayar ba. Wannan hukunci ya dace da shi. Ma'aunin da nake ba shugabanni shi ne su tambayi kansu: da wata nas mai irin iliminta aka sa a wannan daren, da waɗannan yara masu suna ɗaya a jere, za ta iya yin abin da ta yi? In amsar e ce, to canza mutum ba zai canza komai ba. A naki, amsar e ce.

Ga shugabannin ɗakuna da masu riƙe da asibitoci kuma, in wannan ta iso gare ku. Ɗakin da bai kawo rahoto ko ɗaya ba a shekara, ba ɗakin da ba a kuskure ba ne, ɗakin da ake tsoro ne. Kuma babu abin da ke kashe rahoto kamar a kai shi ya shige durowa. Wanda ya rubuta yana so ya ga an matsar da wata kwalba, an sauya wata takarda, ko a ƙalla an dawo an ce masa ga abin da aka tattauna. Mafi daraja a cikin rahotanni su ne na kuskuren da aka tare kafin ya kai ga majinyaci, da wanda ya kai bai cutar ba, don suna nuna ramin ba tare da an biya da rai ba.

Gyaran da ya fi ƙarko kuma shi ne wanda ke sa kuskuren ya yi wuyar aukuwa, ba wanda ke cewa "a riƙa kula" ba. Binkiristin maganin sankarar jini ne da ake yi ta jijiya. In aka yi shi ta laka, kusan kullum kisa ne. An yi ta rasa rayuka a ƙasashe daban-daban, har da wani saurayi ɗan shekara 18 a Nottingham ta Ingila a 2001, duk da gargaɗin da ke jikin sirinjin. A 2007 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawarar a daina zuba shi a sirinji, a riƙa haɗa shi a ƙaramar jakar ƙarin ruwa, abin da ba wanda zai ɗauka ya nufi bayan mutum da shi. Haka fotasiyam mai kauri, wanda ƙaramar kwalbarsa ke kama da ta ruwan haɗa allura, alhali in aka tura shi kai tsaye zuciya ce ke tsayawa: maganin abin shi ne a kwashe shi daga kabad ɗin ɗakunan kwanciya gaba ɗaya. Na kusa da mu shi ne gargaɗin da hukumar ta fitar a 2022 kan taraneksamik asid, maganin tsayar da zubar jini bayan haihuwa, wanda aka riƙa ɗauka a madadin allurar kashe zafi ta ƙashin baya a ɗakin tiyata saboda kwalaben sun yi kama. Duk asibitin da ke yi wa mata aikin haihuwa ya kamata yau ya duba ko waɗannan biyun suna tire ɗaya.

Tunda kin tambayi yadda za ki tsare gaba, ga wuraren da na fi ganin ƙafa na zamewa a ɗakunanmu. Rubutun likita na gaba. In an rubuta .5 babu sifili a gaba, ɗigon yakan ɓace a karanta 5. In an rubuta 1.0, a karanta 10. Harafin U da ake sa wa insulin yakan koma sifili, 4 ta zama 40. Sunaye irin kabimazol na maƙoƙo da kabamazefin na farfaɗiya, a rubutun gaggawa ba su da maraba. Abin da ba ki iya karantawa ba, kada ki cinta, ki kira mai rubutun ko da ƙarfe ukun dare ne, ko da kuwa zai yi tsaki. Umarnin da aka ba ki ta waya, ki rubuta, ki karanta masa ya tabbatar.

Sai nauyi. Allurar atesunet ta zazzaɓin cizon sauro mai tsanani miligiram 2.4 ce ga kowane kilo, amma yaron da bai kai kilo 20 ba miligiram 3 ga kowane kilo ake ba shi. Yaron da aka ƙiyasta nauyinsa da ido, duk lissafin da ya biyo baya a kan ƙiyasi aka gina shi. A ɗakin haihuwa kuma, maganiziyam salfet na jijjigar masu ciki yana ceton rai, amma mai ƙarfin kashi 50 cikin 100 sai an sirka shi kafin ya shiga jijiya, kuma kafin kowane zagaye sai an duba numfashi da fitsari da motsin gwiwa, da kalsiyam gulukonet a kusa don karya shi in ya yi yawa.

Akwai kuma ƙofar da ta fi kowacce faɗi a wurinmu, wato maganin da 'yan'uwa ke sayowa daga waje idan ɗakin magani ya ce babu. Mutum ya tafi kyamis a Tudun Wada ko Sabon Gari da takarda, a ce masa babu wannan amma ga irinsa. Ya dawo da wani ƙarfin daban, ko wani magani daban. Farasitamol na ɗigawa jarirai yana da miligiram 100 a mililita ɗaya, na sirof kuma kusan 120 a mililita biyar. Uwar da aka ce ta ba da mililita biyar, in na ɗigawa ne a hannunta, ta ba da miligiram 500, fiye da ninki huɗu, kuma hanta ce ke ɗaukar nauyin. Duk abin da aka sayo a waje ki karɓa ki karanta da idonki, suna da ƙarfi da ranar lalacewa. Ki kuma tambayi abin da ake ba yaro a gida, har da jiƙo da sauran na gargajiya, da murya mai taushi, domin in kika yi faɗa ba za a sake gaya miki ba, ba kuma za a daina bayarwa ba.

Bayan rahoton cikin gida akwai na ƙasa. NAFDAC tana da cibiyar sa ido kan illar magunguna, Najeriya kuma ta shiga tsarin sa ido na Hukumar Lafiya ta Duniya a 2004. Ana cike takardarsu ta rahoto mai ruwan ɗorawa, ko a aika ta manhajar Med Safety a waya, kuma suna karɓar rahoton kuskuren magani da na maganin da ake zargin ingancinsa, ba illa kaɗai ba. Cibiyar shiyyar arewa maso yamma tana Asibitin Koyarwa na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Shika, wato a bakin ƙofarmu. Mutanen Zariya sun ga amfanin irin wannan da idonsu. A ƙarshen 2008, asibitoci a Legas da nan Zariya suka fara ganin ƙananan yara da ƙodarsu ta tsaya ba dalili. Da kowane likita ya ɗauki nasa a matsayin ƙaddarar yaro ɗaya, da ba a haɗa zaren ba. Sanarwar da aka kai sama ce ta sa aka gano sirof ɗin haƙori mai suna My Pikin da ya gurɓata da sinadari mai guba, aka janye shi daga kasuwa. Yara aƙalla 84 suka rasu a ƙasar. Wancan laifin masana'anta ne, ba na ma'aikacin asibiti ba, amma hanyar da aka bi aka tsayar da shi ita ce dai wannan da nake roƙon ki bi.

Iyayen yaran fa? A gaya musu. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 da kundin haƙƙin majinyata da aka ƙaddamar a 2018 duk sun tabbatar wa majinyaci haƙƙin sanin abin da ya shafi lafiyarsa da maganinsa. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Amma ba ke kaɗai za ki je ba. Likita da shugabar ɗaki su jagoranta, a keɓe, a kira mahaifin in yana kusa, a yi magana da Hausa mai sauƙi: an yi wa 'yarku allurar da ba tata ba, mun duba ta, ga alamomin da za ku lura da su, ga abin da muka gyara, ku yi haƙuri. A maye wa ɗaya iyalin kwalbarsu ba tare da sun sake biya ba. A abin da na gani, mutanenmu suna da saurin yafiya ga wanda ya zo musu da gaskiya. Abin da ke tunzura su shi ne su ji daga bakin mai shara ko maƙwabciyar gado bayan kwana uku. Uwar da aka yi wa bayani kuma takan zama mai tsaro, gobe ita za ta ce miki, "Sista, jiya fara aka yi mata, yau na ga ruwan ɗorawa." In uwa ta faɗi irin wannan, ki tsaya ki koma ga kati kafin ki ci gaba.

Babbarki kuma kada ki ɗauke ta abokiyar gaba. Mai yiwuwa ta taɓa ganin yadda aka yi wa wata da ta faɗi gaskiya, tana so ta kare ki ne. Ki same ta kafin ki miƙa takardar, ki ce, "Anti, hankalina ya kasa kwanciya, zan sanar da likita da shugabar ɗaki, na ga ya dace ki fara ji daga bakina." Ba sai kin rubuta shawarar da ta ba ki a cikin rahoton ba. In asibitinku ba shi da takardar rahoto ta musamman, farar takarda ta wadatar: ki rubuta kwafi biyu da kwanan wata da sa hannu, ki miƙa ɗaya, ki riƙe ɗaya, kada ki ɗauki hoton katin yaran ki tura a WhatsApp ko da ga ƙawa ce. In shugabar ɗaki ta ƙi karɓa, akwai shugabar sashen jinya, akwai shugaban ɗakin magani, akwai kwamitin magunguna a manyan asibitoci. In kuma aka mayar da abin tsangwama, ki nemi wakilin ƙungiyarku ta ma'aikatan jinya da ungozoma a asibitin ya raka ki duk zaman da za a kira ki, kada ki sa hannu a kan wata takarda da ba ki karanta ba.